Jean Gabin (1904-1976): Ɗan Wasan Da Bai So Wasa Ba

A wannan fitowa filinmu na tarihin mashahuran mutane zai haye teku ne zuwa ƙasar Faransa, domin mu ji labarin wani ɗan wasan kwaikwayo da ya shafe shekara 46 yana fitowa a majigi, ya yi fim wajen 95, har ta kai in Faransawa suna son su kwatanta talaka mai zuciya, wanda ba ya ɗaukar raini, fuskarsa ce ke faɗo masu a rai. Sunansa Jean Gabin. Waɗanda suka yi darasin Faransanci a cikinmu sun san ba a karanta sunan yadda aka rubuta shi. Abin da kunne ke ji ya fi kusa da Jan Gaban. Abin mamaki a tarihin mutumin nan shi ne, sana'ar da ta ɗaukaka shi ba ita ya so ba, tura shi aka yi cikinta. Abu biyu ya ƙwallafa rai a kansu tun yana yaro, tuƙin jirgin ƙasa da noma. Na farko bai same shi ba sai a cikin wasa. Na biyu ya same shi da kuɗinsa, amma sai da ya jawo masa baƙin cikin da bai warke daga gare shi ba.

An haife shi a birnin Faris ran 17 ga Mayu, 1904. Sunansa na yanka Jean-Alexis Moncorgé. Shi wannan Gabin ɗin sunan wasa ne na mahaifinsa, Ferdinand Moncorgé, wanda ke waƙa da barkwanci a gidajen shan gahawa da ƙananan dandamali na Faris. Mahaifiyarsa ma ta taɓa waƙa. Da yake iyayen kullum suna wajen nema, sai yaron ya tashi a wani ƙauye mai suna Mériel, arewa da Faris, a bakin kogin Oise, yawanci a hannun babbar yayarsa. Gidansu yana dab da layin dogo, saboda haka daga tagar ɗakinsa yake kallon jirage suna wucewa da hayaƙinsu, yana ganin direbobi sun yi baƙi ƙirin da kwal, shi kuwa a ganinsa duk duniya babu wanda ya kai su dacewa. In ba ya bakin taga, to yana gonar maƙwabta, wajen shanu da dawaki. Mijin yayarsa ɗan damben Turawa ne, shi ya koya masa naushi, kuma a wajen damben ne ya samu karayar hancin nan da ta zame masa alama har tsufansa.

Makaranta dai ba su yi shiri ba. Ya samu takardar gama firamare, aka kai shi wata babbar sakandare ta Faris mai suna Janson-de-Sailly, amma bai daɗe ba ya tsere. Mahaifiyarsa ta rasu a 1918, yana da shekara 14. Daga nan ya shiga aikin ƙarfi: ya yi leburanci wajen kwaɓa siminti, ya yi a maƙerar narka ƙarfe, ya yi tsaron sito, ya sayar da jarida. Duk wannan ya fi masa daɗi a kan ya shafa hoda a fuska ya hau dandamali kamar ubansa, domin yana ganin wannan ba aikin maza ba ne. Uban kuwa bai haƙura ba. A 1922, yaron yana da shekara 18, ya ja shi zuwa gidan rawa na Folies Bergère, ya sa aka ɗauke shi cikin 'yan cika fage, waɗanda ke tsayawa a baya ba su cewa uffan. To, barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Ashe yaron yana da murya, kuma ƙafarsa ta iya rawa. Bayan ya yi aikin soja na dole a rundunar ruwa, sai ya koma dandamali da ƙafarsa, ya shiga wasanni masu haɗe da waƙa, har a 1928 shahararriyar mawaƙiyar nan Mistinguett ta ɗauke shi abokin rawarta a Moulin Rouge.

Ana cikin haka sai fim mai magana ya iso, masu shirya finafinai suka bazama neman waɗanda suka iya waƙa da magana a gaban jama'a. Fim ɗinsa na farko mai tsawo shi ne Chacun sa chance, a 1930, inda ya fito tare da matarsa ta farko, Gaby Basset. Ya yi shekara huɗu yana fitowa a finafinai barkatai, wasu ma ba wanda ke tuna su. Mahaifinsa ya rasu a 1933, wato bai ga inda turin da ya yi ya kai ɗan nasa ba.

Wanda ya fara gane abin da ke jikin Gabin shi ne darekta Julien Duvivier. A wancan zamani yawancin 'yan wasa daga dandamali suka fito, sun saba ɗaga murya da wurga hannu domin na kujerar baya ya gani. Gabin kuwa sai ya yi akasin haka. Yakan tsaya cak, ya yi magana ƙasa-ƙasa da harshen 'yan kasuwa da leburorin Faris, ya bar idonsa ya yi sauran aikin. Sai can an ƙure shi, ya fashe da fushi gaba ɗaya kamar hadarin da ya daɗe yana haɗuwa. 'Yan kallo suka saba da wannan fushin har suna jiransa a kowane fim. Duvivier ya sa shi a Maria Chapdelaine a 1934, sannan La Bandera a 1935, labarin mutumin da ya yi kisa a Faris ya gudu ya shiga sojan haya na Sipaniya a Maroko. Wannan ne fim ɗin da ya mai da shi tauraro.

Daga 1935 zuwa 1939, cikin shekara biyar kacal, ya yi jerin finafinan da har yau a kansu sunansa ya tsaya. Sai mun tuna halin da Faransa ke ciki sannan za mu gane dalilin karɓuwarsu. Tattalin arziki ya karye, rashin aiki ya yi yawa, ga Hitila yana haƙilo a maƙwabta. A 1936 gamayyar jam'iyyun ma'aikata ta ci zaɓe a ƙarƙashin Léon Blum, aka kawo dokar aikin awa 40 a mako da hutun mako biyu da albashi. A shekarar ce aka yi La Belle Équipe, labarin abokai biyar marasa aikin yi da suka ci faran 100,000 a cacar gwamnati, suka haɗa kuɗin suka gyara wani kango a bakin kogi domin su buɗe wurin shaƙatawa na haɗin gwiwa. Ɗaya bayan ɗaya tafiyar ta watse, har saura biyu, su ma mace ta shiga tsakaninsu. Duvivier ya ƙare fim ɗin da kisa, masu kuɗin fim suka ce ina, wannan ya yi ɗaci, suka sa aka ɗauki wani ƙarshen mai daɗi, kuma shi aka riƙa nunawa shekara da shekaru.

A 1937 ya fito a Pépé le Moko, matsayin wani ƙasurgumin ɓarawo da ya ɓuya a tsohuwar unguwar Kasba ta babban birnin Aljeriya. Muddin yana cikin lungunan unguwar, 'yan sanda ba su iya taɓa shi. Ranar da ya sauko bakin teku saboda wata mata 'yar Faris, ranar aka sa masa ankwa. Fim ne mai kyau, amma dole a faɗi gaskiya, Larabawan da unguwar take tasu ba su da wani matsayi a cikinsa illa na ado, kamar yadda aka saba a finafinan zamanin mulkin mallaka. Yawancin lungunan ma a ɗakin ɗaukar fim aka gina su kusa da Faris. Amurkawa sun ga abin ya yi kasuwa, suka sake yin nasu a 1938 da Charles Boyer.

A wannan shekara ta 1937 kuma Jean Renoir, ɗan shahararren mai zanen nan Auguste Renoir, ya yi La Grande Illusion, labarin hafsoshin Faransa da Jamusawa suka kama a Yaƙin Duniya na Farko. Gabin ne Laftanar Maréchal, makanike ɗan talakawa, a tsakanin wani ɗan sarauta da wani ɗan attajiran Yahudawa. Abin da fim ɗin ke nunawa shi ne, ɗan sarautar Faransa ya fi jin daɗin hira da ɗan sarautar Jamus da ke tsaronsa a kan talakan ƙasarsa da suke ɗaki ɗaya. 'Yan Nazi suka hana nuna shi a Jamus. A Amurka kuwa ya zama fim na farko da ba na Turanci ba da aka sa cikin takarar gwarzon fim na shekara a kyautar Oscar.

Sai 1938, shekarar da mafarkin yaron Mériel ya cika, ko da yake na aro ne. Renoir ya ɗauki littafin Émile Zola, La Bête humaine, ya ba Gabin matsayin Jacques Lantier, direban jirgin ƙasa tsakanin Faris da Le Havre. Gabin bai yarda a yi masa dabara ba. Ya zauna da ma'aikatan reluwe ya koyi tuƙi sosai, kuma wanda ake gani a kan injin, fuska duk baƙin kwal, iska na dukansa, shi ne da kansa. Ya kuma yi finafinai biyu da Marcel Carné, waɗanda marubuci Jacques Prévert ya tsara maganganunsu: Le Quai des brumes a 1938, tare da Michèle Morgan tana da shekara 18, da Le jour se lève a 1939, inda wani lebura ya harbe mutum ya kulle kansa a ɗakinsa a ƙololuwar bene, 'yan sanda suka kewaye shi, ya kwana yana tuna yadda aka yi ya kai ga haka.

Mai karatu zai lura da abu guda. A kusan duk finafinan nan, mutumin kirki ne da ƙaddara ta rutsa da shi, kuma ba ya kai ƙarshen fim da rai: ko a harbe shi, ko ya kashe kansa. Jama'a sun so hakan, watakila don su ma suna jin wani abu na tafe da ba su iya kauce masa. Da Jamus ta murƙushe Faransa a 1940, gwamnatin Vichy mai biyayya ga Jamusawa ta ɗora wa irin waɗannan finafinai laifin kashe wa jama'a zuciya, har ta hana nuna Le jour se lève. Kai ka ce 'yan wasa ne suka tsara dabarun yaƙin.

A nan ne aka ga ainihin halin mutumin. Jamusawa sun kafa kamfanin fim nasu a Faris, suna neman manyan taurari su ci gaba da aiki kamar ba abin da ya faru, kuma da yawa sun yi. Gabin kuwa ya ƙi. A watan Fabrairu na 1941 ya fice ta Sipaniya da Fotugal ya nufi Amurka. Holiwud ba ta karɓe shi ba, shi ma bai karɓe ta ba. Turancin da ƙyar yake fita, kuma mutumin da duk ƙarfinsa yana cikin harshen titunan Faris, in aka raba shi da harshen me ya rage? Fim biyu ya yi, Moontide a 1942 da The Impostor a 1944, babu wanda ya yi armashi. Abin da aka fi tunawa a zamansa can shi ne soyayyarsa da Marlene Dietrich, 'yar wasa Bajamushiya wadda ta ƙi tayin 'yan Nazi ta zama 'yar Amurka.

Yana iya zamansa a Kalifoniya har yaƙi ya ƙare, ba wanda zai tuhume shi, domin ya kusa shekara 40. Amma a 1943 ya sa hannu ya shiga rundunar ruwa ta Faransa Mai 'Yanci, ta Janar de Gaulle, da sunansa na yanka, Moncorgé. A farkon 1944 ya hau wani jirgin dakon mai, Élorn, yana shugabantar masu bindigar kakkaɓo jiragen sama. Duk wanda ya san abin da ake nufi da zama a kan tankin mai a tekun da ake jefa bama-bamai ya san ba wurin neman suna ba ne, kuma jiragen saman Jamus sun kai wa ayarin nasu hari a gaɓar Aljeriya. Da suka sauka, aka so a mai da shi sashen farfaganda da nishaɗantar da sojoji, ya ce a'a. Ya yi aikin horar da kurata a wata makarantar sojan ruwa kusa da babban birnin Aljeriya, daga baya ya matsa har aka tura shi runduna ta biyu ta motocin sulke, ta Janar Leclerc.

Wannan runduna tana da tarihi da ya shafi maƙwabtanmu. Tushenta daga Chadi yake. A watan Agusta na 1940 gwamnan Chadi, Félix Éboué, baƙar fata ɗan asalin Giyana, ya bi de Gaulle tun ba a san inda abin zai kai ba, kuma daga Fort-Lamy, wato Njamena ta yanzu, Leclerc ya haɗa mayaƙan da suka ratsa hamada suka ci Kufra a Libiya a watan Maris na 1941. Mafi yawan waɗannan mayaƙa 'yan Afirka ne. Amma a 1943, da aka zo sake tsara rundunar da kayan yaƙin Amurka, sai aka cire baƙaƙen fata daga cikinta. Saboda haka waɗanda suka faro tafiyar ba su ne suka shiga Faris a 1944 ana yi masu tafi ba. A cikin wannan runduna Gabin ya zama shugaban wata motar sulke mai farautar tankoki, mai suna Souffleur II, kuma ya girme wa duk takwarorinsa a bataliyar. Ya yi yaƙin ƙwato Royan a gaɓar tekun Atilantika a watan Afrilu na 1945, sannan suka nausa Jamus har Berchtesgaden, inda gidan hutun Hitila yake a kan duwatsu. An ba shi lambobin yabo biyu na soja. A watan Yuli na 1945 aka sallame shi.

Ya dawo Faris kansa fari fat da furfura, yana da shekara 41, ya tarar kiɗa ya canza. 'Yan kallo sun samu sababbin samari, irin su Gérard Philipe, kuma babu mai son ganin dattijo yana mutuwa saboda budurwa. Fim ɗin da suka yi da Dietrich, Martin Roumagnac, a 1946, masu sharhi suka yi masa kaca-kaca, soyayyar ma ba ta daɗe ba ta mutu. Ya yi kusan shekara takwas a wannan hali. Ba wai ya rasa aiki ba ne. Har lambar gwarzon ɗan wasa ya ci a bikin finafinai na Venis a 1951, da La nuit est mon royaume, inda ya sake zama direban jirgin ƙasa, wannan karon wanda haɗari ya makantar. Sai dai sunansa ya daina cika silima, masu zuba kuɗi suka fara cewa zamaninsa ya wuce. Shi kansa tsoron talauci ya kama shi, tsoron da bai sake shi ba ko bayan ya koma kan ganiyarsa. A 1949 ya yi aurensa na uku da wata mai tallan tufafi a kamfanin Lanvin, wadda aka fi sani da Dominique, suka haifi 'ya'ya uku, mata biyu da namiji. Wannan auren shi ne ya zauna har mutuwa.

Abin da ya tashe shi shi ne Touchez pas au grisbi, wato kada a taɓa ganimar, na darekta Jacques Becker, a 1954. Ba ma shi aka fara nufa da matsayin ba, wani matashi ne, Daniel Gélin. Gabin ya fito a matsayin Max, tsohon ɗan fashi da ya saci sandunan zinariya yana so ya yi ritaya, amma wautar amininsa ta sa ya rasa kome. Abin da ya burge mutane ba harbe-harben ba ne. Akwai wurin da tsofaffin 'yan fashin biyu suka ɓuya a wani gida, suka zauna suna cin busasshen burodi, Max ya miƙa wa abokinsa rigar barci da buroshin goge baki, suna hirar gajiya da tsufa. Wato Gabin ya daina ɓoye furfurarsa, ya mai da ita jari. Fiye da mutum miliyan huɗu suka kalli fim ɗin a Faransa, ya kuma sake cin lambar Venis. A cikinsa ne wani ɗan kokawa ɗan asalin Italiya, Lino Ventura, ya fara fitowa, suka ƙulla abota ta har abada.

Daga nan ba a sake jin kansa ba. Ya zama dattijon majigin Faransa: yau alƙali, gobe likita, jibi shugaban 'yan fashi ko shugaban gwamnati ko direban babbar mota. Ya yi French Cancan da Renoir a 1955, a kan kafuwar Moulin Rouge inda ya taɓa rawa yana saurayi. Ya yi La Traversée de Paris a 1956 tare da Bourvil da Louis de Funès, labarin mutum biyu da ke fasa-ƙwaurin naman alade cikin akwatuna da dare a zamanin mamayar Jamus. Ya zama Jean Valjean a Les Misérables na 1958. Sau uku ya fito a matsayin Kwamishina Maigret, ɗan sandan cikin nan mai lofe na littattafan Georges Simenon, kafin matsayin ya koma talabijin a hannun Jean Richard daga 1967, sannan Bruno Cremer daga 1991. Samarin da suka zo bayansa kuwa, maimakon ya yi kishi da su, sai ya jawo su: Jean-Paul Belmondo a Un singe en hiver a 1962, Alain Delon a Mélodie en sous-sol a 1963 da Le Clan des Siciliens a 1969.

Ba duka ne masu kyau ba. Matasan darektocin da suka taso a ƙarshen shekarun 1950, irin su François Truffaut, sun zarge shi da cewa ya zama gwamnati, yana zaɓen darektocin da ba za su yi masa musu ba, da ma'aikatan da ya saba da su, yana maimaita abu ɗaya. Akwai gaskiya a zargin. Wasu finafinan na wannan lokaci, in ka ga ɗaya ka ga goma. Amma shi bai taɓa ɗaukar kansa wani mai fasaha na musamman ba. Yana zuwa aiki a kan lokaci, ya haddace abin da zai faɗa, ya yi, a biya shi, kamar kowane ma'aikaci. Kuɗin kuma ya san inda yake kai su.

Gona yake kai su. A 1952, tun yana cikin shekarun duhu, ya sayi wata gona mai suna La Pichonnière a yankin Orne na lardin Normandi, domin in fim ya ƙi, iyalinsa su samu abin dogaro. Yana samu yana ƙarawa, har ta kai wajen hekta 150, wato eka 370. Ya gina gida ya sa masa suna La Moncorgerie, daga sunan gidansu. Ya tara shanu kusan 300 da dawakin tsere, ya kuma gina filin sukuwa a garin Moulins-la-Marche da ke kusa. A ransa, ya zama manomi cikin manoma, kuma ya fi alfahari da wannan a kan duk lambobin Venis.

Da asubahin ranar 28 ga Yuli, 1962, manoma wajen 700 suka kewaye gidan. Suka datse hanyoyi, suka yanke wayar tarho, suka tashe shi daga barci, suka ce sai ya ba da hayar gonaki biyu daga cikin waɗanda ya saya ga matasan manoma marasa ƙasa. Kukansu ba na banza ba ne. A lokacin ƙananan manoman Faransa suna barin ƙauye dubu-dubu, duk gonar da aka sa a kasuwa sai mai kuɗin birni, ko mahauci ko lauya ko ɗan kasuwa, ya taya ta da farashin da ɗan manomi ba zai iya ba. Ƙungiyar matasan manoma tana neman doka a kan masu tara gonaki alhali suna da wata sana'a, kuma majalisa tana kan muhawara. Akwai waɗanda suka fi Gabin ƙasa nesa ba kusa ba, amma wa zai buga labarinsu a shafin farko? Sunansa ake bukata, kuma dabarar ta ci, domin washegari duk jaridun ƙasar sun ɗauka. Ran 8 ga Agusta, 1962, aka zartar da dokar aikin gona ta minista Edgard Pisani, wadda ta sa ƙa'ida a kan tara gonaki.

Su manoma sun samu abin da suke so. Shi kuwa abin ya soke shi a inda ba ya tsammani. Mutumin da ya yi shekara 30 yana wakiltar talaka a majigi, wanda kuma da gaske ya kwaɓa siminti ya ci abinci, yau ga shi talakawa sun tsaya a ƙofar gidansa suna kiransa mai handama, suna gaya masa cewa shi baƙo ne a cikinsu. Ya kai ƙara kotu. Amma da aka zo shari'a a garin Alençon a 1964, sai ya janye ƙarar a gaban alƙali, bai yarda a hukunta kowa ba. Bai bar gonar ba, sai dai zumuncin da yake zaton yana da shi da mutanen yankin bai koma kamar da ba. Wanda ya kalli La Horse na 1970, inda ya fito a matsayin tsohon manomin Normandi mai taurin kai da ke kare gonarsa da bindiga, zai ga kamar ba wasa kaɗai yake yi ba.

A shekarunsa na ƙarshe ya yi finafinai biyu da suka rufe bakin masu cewa ya ƙare. Le Chat, a 1971, tare da Simone Signoret, labarin tsoho da tsohuwa ne da suka shekara da shekaru da aure har ƙauna ta koma ƙiyayya, a wata unguwa da ake rushewa gida-gida. Mijin ya mai da duk soyayyarsa kan kyanwa, matar ta kashe kyanwar, daga nan ya daina yi mata magana sai dai ya rubuta a 'yar takarda ya cilla mata. Su biyun duka sun ci lambar yabo a bikin finafinai na Balin, kuma wannan ce ta biyu da Gabin ya samu a can, bayan ta 1959. Sai Deux hommes dans la ville a 1973, shi da Delon, wanda ya soki hukuncin fille kai, shekara takwas kafin Faransa ta soke hukuncin kisa a 1981. A 1974, yana da shekara 70, ya koma sana'arsa ta farko ya yi faifan waƙa, kuma ya yi kasuwa. Ran 3 ga Afrilu, 1976, shi aka ba shugabancin bikin farko na kyautar César, wadda ita ce babbar kyautar finafinan Faransa.

Bayan wata bakwai, ran 15 ga Nuwamba, 1976, ya mutu a asibitin Amurkawa da ke Neuilly, a gefen Faris, bayan fama da sankarar jini. Yana da shekara 72. Ya bar wasiyya cewa ba ya son kabarin da mutane za su riƙa zuwa kallo, saboda haka, bisa wata al'ada da ba tamu ba, aka ƙone gawar a maƙabartar Père-Lachaise. A 1981 Louis de Funès ya jagoranci kafa wata kyauta da sunansa domin matasan 'yan wasa, wadda aka yi ta bayarwa har 2006, kuma a 1992 ƙauyen Mériel ya buɗe gidan tarihinsa, ba nisa da layin dogon. Tokar kuwa, da izinin Shugaba Giscard d'Estaing, rundunar ruwa ce ta karɓe ta. Ran 19 ga Nuwamba, 1976, jirgin yaƙi mai suna Détroyat ya tashi daga tashar Brest da iyalinsa da 'yan abokai kaɗan, cikinsu har da Delon, aka yi masa faretin girmamawa irin na sojan ruwa, aka zuba ta a teku.